Ranar Da Aka Kira Ƙarata Ba Na Nan

Zuwa ga Edita,

Ina roƙo ka ba ni ɗan fili in gaya wa 'yan'uwa masu karatu abin da ya same ni, gama na ga yana samun mutane da dama.

A damanar 2010 na kai ƙarar wani mutum da na ba bashin gero buhu 12, ya shekara biyu yana yi mini gobe jibi. Aka kai masa sammaci, aka sa mana rana. Ana nan sai na ƙetare gulbi zuwa gonata wajen Kwalkwalawa, ruwan nan da ya karya gadar hanyar Jami'ar Usmanu Danfodiyo ya rutsa da ni can. Ran shari'a da ƙyar na sami jirgi, ban iso kotu ba sai bayan azahar. Muhuti ya ce an yi ta kiran sunana shiru, abokin shari'ata kuwa yana zaune tun safe, saboda haka alƙali ya soke ƙara.

Na yi wata huɗu ko ƙofar kotun ban bi ba, ina cewa an cuce ni. Sai wani dattijon malami na unguwarmu ya zaunar da ni. Ya ce, "Malam, ai masu fiƙihu sun ce mai ƙara shi ne wanda in ya yi shiru a kan ƙyale shi. Alƙali ba ya duba. Ina zai san gada ta karye da kai, alhali ba ka aiko kowa ba?" Ya kuma koya mini abin da ban sani ba, ni da ke koya wa yara: sokewa dabam, kora dabam. Ƙarar da aka soke don rashin zuwa, an cire ta ne daga jeri kawai, mai ita na iya komawa da uzurinsa. Wadda aka saurara aka kora, ita ce ba ta da magani sai ɗaukakawa. Ƙarar zaɓe kam ba a yi mata wannan sassauci. A Dokar Zaɓe ta 2022, in ɓangarorin biyu ba su zo ba an soke ke nan har abada, don kwana 180 kaɗai aka ba kotun.

Na koma, alƙali ya karɓi uzurina nan take. Amma cikin wata huɗun nan na fushi, ɗaya daga shaiduna biyu ya rasu, Allah ya jiƙansa. A mazhabar Malikiyya ana hukunci da shaida ɗaya da rantsuwar mai ƙara a sha'anin dukiya. Ni da ban taɓa dafa Alƙur'ani a kan abin duniya ba, ranar sai da na dafa. An biya ni gerona, amma har yau in na tuna rantsuwar nan sai gabana ya faɗi.

Haza wassalam.

Wani Malamin Makaranta,
Tudun Wada, Sakkwato.