Tsarabar Nguru

A 1991, shekarar da aka cire Yobe daga Barno, ina yaro a Gashuwa muka kewaye rediyon kawuna har El-Kanemi Warriors ta ɗauki Kofin Ƙalubale. Mu dai ba mu yarda an raba mu da ita ba. Ita ce ƙungiyar da Salisu Yusuf, Bazazzagi, ya taɓa taka wa leda kafin ya koma horarwa.

Ya ci kofi da Enyimba a 2013. A Fabrairun 2018, a wani gidan kallo a Nguru, na ga yaransa sun kai wasan ƙarshe na CHAN, Maroko ta lallasa su 4 da nema. Ban ga laifinsa ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne hoton ɓoye na ɗan jarida Anas, inda ya karɓi dala 1,000. Ya ce kyauta ce. Aka dakatar da shi shekara guda.

Jiya wani ɗalibi, wanda kundinsa ke kan teburina, ya ajiye mini kilishin Nguru.

“Malam, tsaraba ce kawai.”

Na san da wuya in da wata manufa a ransa. Na ce ya ɗauke, sai bayan jarrabawa. Ya fita a kunyace, ni ma na kasa ɗaga kai.