Rigar da aka ce harsashi ba ya huda ta



A taronmu na watan jiya samarin da ke yi mana sintirin dare a Sabon Gari sun zo da buƙata. Suna so ƙungiya ta saya musu riguna shida wajen wani mai magani. Har sun kawo ɗaya muka gani: farar saƙi ce, an cika ta da rubutu da hatimai ciki da waje, an ɗinke layu a ƙirji da hammata. Wai wanda ya sa ta, harsashi ruwa yake zama a jikinsa. Mun jujjuya ta, ƙamshin turare na tashi, kuma maganar gaskiya ɗinkin ya yi kyau.

Ba mu yi musu dariya ba, don mu ma da labarin irin wannan riga muka tashi. Duk ɗan Keffi ya san Magaji Ɗan Yamusa, wakilin Sarkin Zazzau a garin nan, wanda ya kashe Razdan Kyaftin Maloni a watan Oktoban 1902. Kabarin Baturen yana nan kan tudun da ake kira da sunansa. Muna yara, in an zauna hira bayan isha'i, tsofaffi sukan ce rigar layu ce ta fitar da Magaji daga gari ba a taɓa shi ba. Wani ya ƙara da layar zana. Washegari sai ka gan mu da tsumma ɗaure a damtse, kowa ya zama Magaji, ba mai yarda ya zama Bature.

Sai dai ba kullum tsofaffin suke kai labarin ƙarshe ba. Magaji ya tafi Kano, Sarki Alu ya karɓe shi da girmamawa, Lugga kuma ya sa wannan cikin hujjojinsa na yaƙi. Kano ta faɗi ranar 3 ga Fabrairu 1903, Sakkwato ta bi baya a watan Maris. Ranar 27 ga Yuli aka gwabza a Burmi, inda Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada tare da ɗaruruwan mutane, har da Magajin namu. A rundunar nan akwai malamai, akwai jarumai da suka ƙi gudu. Da a ce akwai rigar da ke mai da harsashi ruwa, ai ba a rasa ta a Burmi ba.

Kakanninmu suna da tufar yaƙi mai aiki, amma ba ta sihiri ba ce. Lifidi ke nan, wanda Tarihin Kano ya ce Sarki Kanajeji ne ya fara kawo shi tare da sulke da kwalkwali. Yadi ne ake ninkawa a cusa masa auduga, galibi ta rimi, a dandaƙe da ɗinki, a lulluɓe doki da mahayinsa. Kibiya takan kafe cikin audugar ta kasa kai ga fata. Kuma masu shi sun san iyakarsa: yana da nauyi, in doki ya faɗi tashi sai da taimako, in wuta ta kama shi kuwa an shiga uku. Ba wanda ya taɓa cewa lifidi zai tare bindiga mai ruwa.

Da muka faɗi wannan a taro, wani dattijo ya yi raha ya ce to shi mai rigar ya sa a gwada. Nan take liman ya tsawatar. Mun sha ji a rediyo an gwada maganin bindiga a jikin mutum, aka wayi gari ana jana'iza, mai harbin yana hannun 'yan sanda. Mu abin da ya fi damunmu ma ba gwajin ba ne. Yaron da ya yarda cewa ba ya huduwa, ranar da ya kamata ya kwanta ƙasa ya busa usur, sai ya miƙe ya tunkari mai bindiga. Uwayen yaran nan maƙwabtanmu ne, kuma mu za a aika mu je mu faɗa musu.

Addu'a ba mu hana ba, mu ma da ita muke fita. Amma kuɗin ƙungiya an sayi tocila, usur, takalma da rigunan ruwa, an kuma ware na katin waya don a kira 'yan sanda da wuri.

Ɗaya daga cikin samarin ya fusata. Ya ce, “Baba, ku kuna kwance a ɗaki ne, mu muke waje.” Wuri ya yi tsit, don bai yi ƙarya ba. Shi ya sa aka ƙara wata shawara cikin littafi: kowane dare magidanta biyu za su kwana tare da masu sintiri, bi da bi, har da shugabannin ƙungiya. Jadawalin yana manne a ƙofar ofis, namu ya faɗo daren Alhamis.

Rigar an mayar wa mai ita. Kafin alƙalamin da samarin suka ba shi daga aljihunsu kuwa, har yau yana cewa a dawo jibi.