Yini Guda A Takaciho, Inda Japanawa Suka Ce Rana Ta Taɓa Ɓuya

Duk wanda ya dubi tutar ƙasar Japan zai ga farin ƙyalle ne da jan da'ira a tsakiya, watau rana. Sunan ƙasar ma a bakin masu ita, Nihon ko Nippon, ma'anarsa mafitar rana. To, a can tsibirin Kiyushu, kudu maso yammacin ƙasar, cikin lardin Miyazaki, akwai wani ɗan gari a tsakanin duwatsu da ake kira Takaciho. Mutanensa sun ce a nan ne rana ta taɓa yin fushi ta shige kogo, ta bar duniya cikin duhu. Can na nufa wata Asabar cikin watan Nuwamba, tare da waɗansu baƙi takwas, a cikin ƙaramar bas ta masu kai 'yan yawon buɗe ido.

Mun bar birnin Kumamoto tun da sanyin safiya. Jagorarmu wata dattijuwa ce, tsohuwar malamar makaranta, 'yar gajeriya mai saurin tafiya, riƙe da wata 'yar tuta don kada mu ɓace mata. Hanyar ta ratsa ta cikin kwarin dutsen Aso, wanda har yanzu hayaƙi yake fita daga ɗaya daga cikin kawunansa. Shi wannan kwari bakin dutse mai aman wuta ne da ya rufta tun zamanin da, tsawonsa wajen kilomita 25, faɗinsa wajen 18, ga garuruwa da gonakin shinkafa da layin dogo duk a cikinsa. Muka haye wata sabuwar gada da aka buɗe a 2021, bayan girgizar ƙasar Afrilun 2016 ta kada tsohuwar. Mutanen nan sun saba da ƙasa mai motsi, kamar yadda muka saba da hazo.

Bayan tafiyar sa'a biyu da 'yan kai muka isa kwazazzabon Takaciho, wanda shi ne hoton da ake bugawa a kowace takardar talla. Tun shekaru dubbai da suka wuce dutsen Aso ya yi amai, narkakken dutse da toka mai zafi suka malalo suka daskare, sa'an nan kogin Gokase ya yi ta cinsu har ya haƙa wa kansa hanya mai zurfi. Bangon dutsen ya tsattsage tsaye, ginshiƙi kusa da ginshiƙi, sai ka ce magini ne ya jera su da igiyar awo. Daga sama ruwan Manai yana zubowa tsawon mita 17 cikin wani koren ruwa mai sanyi, 'yan kwale-kwale na haya suna kewaya ƙarƙashinsa, mutum uku uku. Na shiga ɗaya da waɗansu samari biyu daga Koriya. Babu wanda ya iya tuƙi a cikinmu, saboda haka rabin sa'ar da aka ba mu ta ƙare ne wajen karo da sauran jirage da ba juna haƙuri. Gwamnatin Japan ta sa wurin cikin wuraren da doka ta kare tun 1934. Kyau kam akwai shi, amma cunkoson masu ɗaukar hoto ya hana mutum ya ji ƙarar ruwan yadda ya kamata.

Sai da muka koma mota, muka kama hanyar Amano Iwato, sa'an nan jagora ta warware mana labarin da ya kawo mu. An rubuta shi a littafin Kojiki a shekarar 712, aka kuma maimaita shi a Nihon Shoki a 720, su ne littattafan tarihi mafi daɗewa da Japan take da su. A addininsu na gargajiya, Shinto, abubuwan bauta suna da yawa, ana kiransu kami, kuma babbarsu mace ce, Amaterasu, wadda suka ce ita ce rana. Tana da ƙane fitinanne mai suna Susano'o, mai hadari da guguwa. Ya fasa mata kunyoyin gonakin shinkafa, ya cike magudanan ruwa, ya ƙazantar da zauren bikinta. Duk ta haƙura. Rannan sai ya feɗe doki ya jefo shi ta rufin ɗakin saƙa, wata masaƙiya ta firgita ta mutu. Nan fa haƙuri ya ƙare. Amaterasu ta shige kogo ta ja dutse ta rufe, sama da ƙasa suka yi baƙi ƙirin, masifu suka yi ta aukuwa.

Sauran kami, waɗanda ake cewa miliyan takwas ne, watau ba su ƙidayuwa, suka taru a bakin rafi suna shawara. Dabarar da suka yanke ita ce ta fi ba ni sha'awa, domin babu yaƙi a cikinta, babu magiya. Suka tara zakaru suka yi ta cara. Suka ƙera madubi, suka rataye shi a bishiya tare da duwatsun ado. Sa'an nan wata mai suna Uzume ta kife akushi ta hau kai, ta shiga rawa tana buga ƙafa har tufafinta suka zame, taron ya kece da dariya. Amaterasu ta ji shewa a waje, mamaki ya kama ta: yaya za a yi murna alhali ba ta nan? Ta ɗan buɗe ƙofa ta tambaya. Aka ce da ita ai an sami wadda ta fi ta ne, aka miƙa mata madubi. Da ta ga haske a ciki sai ta matso don ta ga kishiyar da kyau, wani ƙaƙƙarfa mai suna Tajikarao da ke laɓe ya fizgo ta, aka gitta igiya a bakin kogon don kada ta koma. Gari ya waye. Kowa ya san halin uwargida in aka ce an yi mata amarya, zai gane cewa masu wannan labari sun san mutane.

A ƙofar ɗakin bautar Amano Iwato akwai kwamin ruwa inda masu shiga suke wanke hannun hagu, da na dama, su kurkure baki. Na tsaya ina kallo, don abin ya yi kama da farkon alwala. A gaban ɗakin kuwa mutum yakan jefa kwabo cikin akwati, ya sunkuya sau biyu, ya tafa sau biyu, ya sake sunkuyawa. Shi kogon yana hayin rafin Iwato ne, ba a zuwa wurinsa, ba a kuma ɗaukarsa hoto. Ana hangensa ne daga wani dandali da ke bayan ɗakin, kuma ba a shiga dandalin sai tare da malamin wurin, bayan ya kaɗa wata sanda mai fararen takardu bisa kawunan masu ziyara suna sunkuye, wai don ya tsarkake su.

A nan ne fa tafiya ta tsaya mini. Na ketare rabin duniya don in ga wannan kogo in ba masu karatu labari, ga shi saura taku kaɗan. Amma sunkuyar da kai irin ta gaisuwa, wadda Japanawa suke yi wa kowa har mai sayar da tikiti, daban take da sunkuyawa a gaban abin bauta. Na ja jagora gefe na ce mata ni Musulmi ne, zan jira su a waje. Ba ta nuna ɓacin rai ba, ba ta kuma nemi ta lallashe ni ba. Ta nuna mini benci ƙarƙashin wata babbar bishiya, ta shige da sauran. Da suka fito na tambayi ɗaya daga cikin samarin nan abin da ya gani. Ya ce bishiyoyi ne a jikin dutse, da wata 'yar inuwa da aka ce masa nan ne. Saboda haka mai karatu ya sani, kogon Amaterasu ban gan shi da idona ba.

Wurin da na gani sosai shi ne Amano Yasukawara, tafiyar minti goma a ƙasa ta bakin rafi. Wani wawakeken kogo ne, faɗinsa wajen mita 40, inda aka ce nan ne aka yi taron shawarar. Ko'ina ka duba ƙananan duwatsu ne an ɗora wani bisa wani, dubbai, har wurin sa ƙafa yana wuya. Kowane tsibi buƙatar wani ne: mai neman cin jarrabawa, mai neman haihuwa, mai majinyaci a asibiti. Wurin akwai sanyi da duhu, kowa yana magana ƙasa ƙasa. Na taka a hankali don kada in rushe wa wani nasa.

Da rana muka ci abinci a wani ɗan kanti. Ana yin wata taliya da ake sakowa cikin ruwan sanyi ta tsagaggen gora, mai ci ya cafke ta da tsinke biyu in ya iya. Ni dai na tsaya ga shinkafa da gasasshen kifin rafi. Na haɗa azahar da la'asar a gefen wurin ajiye motoci, kuma a can alƙibla yamma take, ta ɗan karkata arewa. Bahaushe da ya saba cewa ya fuskanci gabas sai ya yi hattara.

Labarin bai ƙare a kogo ba, kuma ragowarsa ita ce mai nauyi. Littattafan nan sun ce Amaterasu ta aiko jikanta Ninigi daga sama ya sauka a Takaciho, ta ba shi madubi da takobi da dutsen ado. Daga zuriyarsa aka sami Jimmu, wanda aka ce shi ne sarkin Japan na farko, a shekara ta 660 kafin haihuwar Annabi Isa. Sarki Naruhito da ya hau gado a 2019 shi ne na 126 a wannan lissafi, kuma kayan nan uku har yau su ne alamun sarauta. Akwai ma gardama a kan inda aka sauka, domin a kudancin lardin akwai wani dutse mai suna Takaciho-no-mine, tsawonsa mita 1,574, da wani mashi kafe a ƙolinsa, mutanen can su ma sun ce nasu ne na gaskiya. Na tuna rijiyar Kusugu ta Daura, inda mu ma ake nuna wa baƙo wuri a ce ga inda sarauta ta samo asali.

Bambancin shi ne, a Japan an taɓa mayar da labarin doka. Kafin 1945 ana koya wa yara shi a makaranta a matsayin tarihi tabbatacce. Wani malamin tarihi, Tsuda Sokici, ya rubuta cewa marubutan fada ne suka tsara labaran don su ƙarfafa gidan sarauta. Aka hana sayar da littattafansa a 1940, aka yanke masa hukunci a 1942. A shekarar 1940 ɗin nan aka yi bikin cikar sarauta shekara 2,600, aka gina wata hasumiya a birnin Miyazaki da duwatsun da aka kwaso daga wurare da yawa, har da ƙasar Sin da sojojin Japan suka mamaye. Da sunan jikan rana aka tura samari yaƙi, miliyoyin mutane suka hallaka a Asiya. Bayan an ci Japan, a watan Disamban 1945 Amurkawa suka raba Shinto da gwamnati, ran 1 ga Janairun 1946 kuma Sarki Hirohito ya yi shelar cewa shi ba abin bauta ba ne a siffar mutum. Hasumiyar tana nan, an sake mata suna ta zama ta zaman lafiya. Jagorarmu ba ta kawo wannan zance da kanta ba sai da na tambaya. Ta amsa a taƙaice, ta ce iyayenta da waccan koyarwa aka rene su, ita kuwa tatsuniya ta koya wa ɗalibanta, sa'an nan ta duba agogo.

Abin da yake damun mutanen Takaciho a yau wani ne dabam. Garin yana ƙarewa a hankali. Ƙidayar 2020 ta nuna ba su kai 12,000 ba, kuma tsofaffi sun yi yawa. Guguwar watan Satumban 2005 ta kwashe gadojin jirgin ƙasan da yake haɗa su da bakin teku, a 2008 aka rufe layin ɗungum. Yanzu wani ɗan keke ne yake ɗaukar baƙi bisa ragowar dogon, ya kai su kan wata gada mai tsawon mita 105 daga ruwa, ya komo da su. Samari suna tafiya birni, ga shi kuwa da su ne ake rawar kagura, wadda gwamnati ta sa cikin al'adun da ake karewa tun 1978. Daga tsakiyar Nuwamba zuwa farkon Fabrairu ƙauyuka suna yin ta bi da bi, kashi 33, daga magariba har wayewar gari, don godiya bisa amfanin gona. Ƙauyen da ya rasa masu rawa da masu kiɗa ba shi da inda zai sayo su.

Mun tsaya har dare don mu ga ɗan abin da ake nuna wa baƙi, kashi huɗu cikin sa'a guda, da ƙarfe takwas, a wani zaure kusa da babban ɗakin bautar garin. Muka zauna a tabarma. Ganga da sarewa suka tashi, wani mai farar fuskar katako da gashi buzu-buzu ya fito yana neman kogon, sa'an nan Uzume ta yi rawarta, a natse ƙwarai, ba kamar yadda labarin ya faɗa ba. Namiji ne a cikin kayan, kuma daga jijiyoyin hannunsa na gane ya manyanta. Sai mai jar fuska ya zo ya ciccibi ƙofar dutse ya ɗaga sama, zauren ya ɗauki tafi. Na ƙarshen wasan ban dariya ne, miji da mata suna dafa giya har suka bugu, suka faɗo cikin 'yan kallo kowa yana neman na wani. Da aka tashi na ga mai jar fuskar ya cire ta a bayan labule, furfura ce fal kansa, yana haki, wani yaro ɗan shekara kamar goma yana karɓar kayan yana ninkewa. Jagora ta ɗaga tutarta, muka fita cikin sanyi. Sha ɗaya ta wuce kafin mu ga fitilun Kumamoto.