Jarumi Mai Rufaffiyar Fuska da Gwarzon Fage

A ƙasar Meziko an yi wani ɗan kokawa, Rodolfo Guzmán Huerta, wanda duniya ta sani da El Santo, wato Waliyyi. Fiye da shekara 40 yana shiga fage da marufin fuska mai launin azurfa. Daga 1958 ya shiga silima, ya fito a fim sama da 50, yana gwabzawa da mayu da fatalwa da miyagun masana kimiyya. Sai a 1984 ya ɗan yaye marufin a talabijin, kwanaki kaɗan kafin rasuwarsa, kuma da shi aka binne shi. A can, babban wulaƙanci ga ɗan kokawa shi ne a kayar da shi a wasan da aka sa marufi a caca, a tilasta masa ya buɗe fuska ya faɗi sunansa na yanka.

Mutumin Dakusa zai yi mamakin wannan. A ƙasar Damagaram, in kaka ta yi, aka kai gero rumbu, ɗan kokawa yakan shigo fage ƙirji waje, ya yi kirari da sunan garinsu, makaɗi ya ambaci iyayensa. Ko an kayar da shi, kowa ya san gidan da kunyar za ta kwana. Abin da yake ɓoyewa yana cikin layu da guraye, ba wanda ya san abin da malam ya rubuta a ciki.

Tun da aka fara gasar takobi ta ƙasa a Tawa a 1975, wadda Kantu na Maradi ya lashe, Nijar ba ta rasa gwaraza ba. Filin kokawar Zinder ma sunan Langa-Langa yake ɗauke da shi. Sai dai waɗanda suka raya sunayen nan mawaƙa ne irin su Sagalo, da Muryar Sahel, da hirar dattawa. Yaron Meziko yana iya kallon Santo a yau yadda kakansa ya kalle shi a 1962. Yaron Dakusa kuwa labarin kamun Langa-Langa yake ji a bakin tsoho, ga tsofaffin suna ƙarewa. Finafinan Hausa da yake kallo a wayarsa yawanci soyayya ce da rikicin kishiyoyi, alhali asirin da ke cikin laya ɗaya ya isa fim guda.