Lokacin da Muka Koyi Feɗe Waƙa

Kafin in shiga Jami'ar Bayero, duk abin da na iya faɗi game da waƙa bai wuce "ta yi daɗi" ko "ta yi zurfi" ba. A shekarun 1990 ne aka haɗa mu da Ɗaurayar Gadon Feɗe Waƙa na Farfesa Abdulƙadir Ɗangambo. Kwafin da ya zo hannunmu bugun tafireta ne, an ɗauki hotonsa har wasu haruffan sun dushe, ƙugiyoyin ƙ da ɗ kuwa da biro wani ya bi ya saka su. Mu shida muke karɓa-karɓa da shi. Wanda ya kwana da shi, dole ya fito da shi kafin lacca ta farko.

Littafin bai yarda da yabon baki ba. Sai ka faɗi salsalar waƙa, wa ya yi ta, yaushe, me ya zaburar da shi. Sai ka nemo baitin da jigo ya fito fili, ka taƙaita jigon, sannan ka warware shi. Daga nan ka shiga zubi da tsari, amsa-amo da kari, kafin ka isa ga salo, inda ake rarrabe kamantawa da siffantawa, da mutuntarwa da dabbantarwa. A nan na fi daɗewa, domin a nan ne na fara ganin hannun mawaƙi yana aiki.

Wata rana malaminmu ya ba mu wani yanki na Infiraji ta Aliyu Namangi. Wani ɗan ajinmu da ya yi karatun zaure a cikin birni ya lumshe ido, yana buga yatsa a kan tebur, yana yanka baitin gaba-gaba da arulin Larabci. Mu 'yan boko zalla muka saki baki. Da aka zo warwarar jigo sai gardama ta kaure: mece ce duniya a wurin Namangi, wannan makahon malami, gidan ruɗi ce kawai, ko gonar da ake shuka don lahira? Muka kwashi musun har teburin mai shayi, sai kiran magariba ya raba mu. A wajena falsafa ke nan, kuma daga waƙar Hausa na fara ɗanɗana ta. Ba mamaki hanyar littafin ta dace da irin waɗannan waƙoƙi, tunda shi Ɗangambo digirinsa na uku a Landan, a 1980, a kan waƙoƙin wa'azi ya yi shi.

Abin da ke damuna shi ne yadda daga baya na ga ɗalibai sun mai da matakan nan tamkar fom ɗin cikewa, su jera kanun magana ba tare da sun saurari waƙar ba. Da na fara koyarwa a sakandare, sai na sa doka: ba wanda zai rubuta kalmar "jigo" a takarda sai an rera waƙar da baki a aji, kowa ya ji inda numfashi ke yankewa.