Ƙafar Lebura da Fatar Kano

Idan ana lissafa gaɓoɓin da talaka yake neman abinci da su, hannu ake fara ambata, sannan kafaɗa da gadon baya. Ƙafa kuwa ba a cika tunawa da ita ba, sai ranar da ƙusa ta shige ta. Alhali ita ce take ɗauke da sauran duka, kuma ranar da ta kwanta, to hannu da kafaɗa sun kwanta tare da ita, murhun gidan ma ya mutu. Wannan ne ya sa muka ga ya dace mu yi tsokaci a kan wani abu da ake gani ƙarami ne, wato takalmin da ma'aikaci yake sawa a bakin aiki, da inda masu kamfanoni da 'yan kwangila suke sayo shi, da kuma dalilin da ya sa ƙasar da ta yi suna da fata tun kaka da kakanni take zaman jiran jirgin ruwa ya kawo mata shi.

Mu malaman makaranta ne a Zakirai, hedikwatar Ƙaramar Hukumar Gabasawa. Duk wanda ya san wannan yanki ya san gonaki a manne suke da juna, kuma gonar da kaka ya noma shi kaɗai yau jikoki goma ne suke kallon ta. Saboda haka da yawa daga cikin yaran da muke yayewa kowace shekara ba gona suke komawa ba. Da an gama girbin gero da gyaɗa sai su hau mota su nufi Kano. Wasu su kama leburanci a wurin gine-gine, wasu buga bulo, wasu walda, wasu kuma su sami shiga masana'antun Sharaɗa da Challawa da Bompai, ko injinan casar shinkafa. Da Sallah suke dawowa su gaishe mu, a nan ne kuma muke ganin abin da aiki ya yi musu. Wannan babban yatsa ba farce, wancan siminti ya cinye masa tafin ƙafa, wani kuma yana ɗingishi tun daga ranar da ƙarfe ya faɗo masa. In ka tambaye shi me yake sanye da shi a ranar, amsar ɗaya ce: silifa.

Ba wai babu doka ba ne. Dokar Masana'antu ta 1987 ta ɗora wa mai masana'anta nauyin samar wa ma'aikata kayan kariya, har da takalmi, a inda aiki ya haɗa su da danshi mai yawa ko abin da zai cutar da jiki. Takalmin kariya kuma ba kowane but mai nauyi ba ne. Akwai ma'aunin da duniya ta yarda da shi, mai lamba ISO 20345, wanda ya ce dole ƙarfen da ke hancin takalmin ya jure bugun abu mai nauyin kilo 20 da ya faɗo daga tsayin kimanin mita 1, ya kuma jure dannawar nauyin da ya kai kusan tan ɗaya da rabi, ba tare da ya murƙushe yatsun da ke ciki ba. Wasu kuma ana shimfiɗa musu faranti a cikin tafin domin tare ƙusa. Mai karatu ya tuna buhun siminti kilo 50 ne, zai gane cewa wannan ma'auni ba wasa ba ne.

To, ina laifin a ce a Kano ake ɗinka irin wannan takalmi? Ai in don tarihi ne, babu wanda ya fi mu gādo. Lokacin da Baturen nan na Jamus, Heinrich Barth, ya zo Kano a 1851, ya ambaci takalma da jemammun fatu cikin manyan kayan da birnin yake fitarwa, har ya ce ana kai fatun Tarabulus. Fatar jar akuyar Sakkwato da Maraɗi ita ce ayari ya riƙa tsallaka Sahara da ita, Turawa suka same ta a hannun fataken Maroko suka laƙaba mata sunan waccan ƙasa. Har gobe akwai unguwar Dukawa a cikin birni, akwai majema a Ƙofar Wambai inda ake jima da bagaruwa, akwai kuma cibiyar koyar da aikin fata a Samarun Zariya. Mu da kanmu da takalmin Cortina muka je makaranta, wanda kamfanin Bata yake yi a nan gida Nijeriya, ƙani ya gāda daga wa, bai mutu ba.

Sai dai gādo daban, kasuwa daban. Abu na farko da ya kamata a sani shi ne, fatar da Kano ta yi suna da ita ta akuya da tunkiya ce, mai laushi, wadda ta dace da jaka da takalmin ado, kuma manyan majemun zamani sun fi jeme ta ne domin Italiya da Sifen da Sin. Takalmin aiki kuwa ƙirgin saniya yake so, mai kauri. Shi kuma ƙirgin, kafin majemi ya kai gare shi, mai ganda ya riga shi, ya babbake, ya tura kasuwa an zuba a miya. Wato dai takalmin leburanmu muna cinye shi tun yana jikin saniya. Abu na biyu, ƙarfen hanci da tafin da mai ba ya ci, da gam mai ƙarfi, yawancinsu daga waje ake kawo su. Na uku kuma wutar lantarki, wadda ba sai mun ɓata tawada a kanta ba, kowa ya san yadda masaƙun Kano da Kaduna suka ƙare.

Duk da haka, akwai wani abu na huɗu da ya fi waɗannan nauyi, kuma ba mu gan shi sosai ba sai da wani tsohon ɗalibinmu ya jawo mu cikin maganar. Allah Ya buɗa masa, yana da wurin buga bulo da ɗan shagon walda, da yara kusan ashirin a ƙarƙashinsa. Ya sami aikin kai bulo wani babban gini, aka gindaya masa sharaɗi cewa babu yaron da zai shiga wurin ba takalmin kariya. Ya zo ya same mu ya ce, "Malam, ku ne masu karanta takarda, ku raka ni kada a cuce ni." Muka bi shi Kano.

Hanya uku muka tarar. Akwai sabo ɗan waje a cikin kwali, wanda tun da aka saki Naira a watan Yunin 2023, Dala ta tashi daga wajen Naira 460 ta haura 1,500 a 2024, kuɗinsa ya fi ƙarfin ƙaramin ɗan kasuwa. Akwai na gwanjo, mai sauƙin kuɗi, sai dai ba ka san ko ƙarfensa ya riga ya sha bugu a wata ƙasa ba, kuma irin tafin da ake yi wa yawancinsu, in ya tsufa, rugurgujewa yake yi kamar busasshen tuwo ko da ba a taka shi ba. Sannan akwai wani dattijon baduku da aka yi mana kwatancensa, muka same shi da yaransa huɗu da keken ɗinki biyu.

Muka ce, "Baba, za ka iya yi mana guda ashirin irin wannan?"

Ya karɓi samfurin ya juya shi, ya latsa hancin, ya shinshina fatar, ya ce, "Malam, ɗinki ba ya gagarar mu. Amma ƙarfen nan ba a sayar da shi ɗai-ɗai, sai da yawa. In na zuba jarina na sayo, na yi muku ashirin, sauran wa zan yi wa? An taɓa ba ni aikin ɗari, na ci bashi na yi, aka kwashe, har yau ina bin rabin kuɗina. Ku masu saye in za ku sayi na waje, lakadan kuke biya. In kun zo wurinmu, sai ku ce sai an gani."

Wannan magana ita ce ta buɗe mana ido. Abin da ya hana baduku yin takalmin aiki ba rashin gwaninta ba ne, rashin tsayayyen mai saye ne. Masana'anta ba da kirari take tashi ba, da oda take tashi, mai maimaituwa, wadda ake biya a kan lokaci. Ɗalibin namu ya je ya nemo wasu abokan sana'arsa uku, suka haɗa buƙatarsu ta zama mai kauri, suka ba da kafin alƙalami, aka rubuta yarjejeniya, mu ne shaidu. Da aka kawo na gwaji, muka cusa curin yumɓu a cikin hancin, aka saki bulo a kansa daga daidai ƙugu, sannan muka zaro yumɓun muka duba ko ya baje. Irin dabarar da masu gwaji suke yi ke nan a ɗakunansu, sai dai tasu da awo da na'ura, tamu kuwa ta ƙauye ce, tana iya tona asirin na jabu amma ba ta isa ta zama shaida ba.

A nan ne kuma muka ga abin da na gida ya fi na waje da shi, wanda babu kwalin da zai gaya maka. Yaron da ya tashi yana yawo a gona ba takalmi, ƙafarsa faɗi gare ta, na waje kuwa matsattse ne, kwana biyu ya ji masa ciwo sai ya rataye shi ya koma wa silifarsa. Baduku ya auna ƙafar kowa a kan takarda. Bugu da ƙari, ma'aikacinmu yana cire takalmi ya yi alwala da Azahar da La'asar a bakin aiki. In igiyar ta yi tsawo, sai ya gaji da ɗaurewa, ya take dunduniyar, takalmin ya tashi daga aiki. Dattijon ya sa musu roba a gefe, a zura a zare cikin sauƙi, ya kuma yi shafin ciki da fata mai shan gumi saboda zafin bazara. Ranar da tafin ya cinye kuma, an san ƙofar da za a ƙwanƙwasa a sake wani. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Gwamnati ma ta san da wannan magana. A watan Mayun 2017, Farfesa Yemi Osinbajo, yana muƙaddashin Shugaban Ƙasa, ya sa hannu a Umarni mai lamba 003, wanda ya ce aƙalla kashi 40 cikin 100 na kuɗin da ma'aikatun tarayya suke kashewa a kan wasu kayayyaki, ciki har da yunifom da takalma, ya tafi ga na gida. Kafin nan, a 2016, Gwamnatin Jihar Abiya ta sanar da cewa rundunar soja ta ba masu ɗinkin takalma na Aba aikin but na sojoji. A watan Mayun 2025 kuma Majalisar Zartarwa ta Tarayya ta amince da manufar fifita kayan Nijeriya a sayayyar gwamnati. Madalla da wannan. Amma mutanen Aba ba daga sama aikin ya faɗo musu ba, sun daɗe a haɗe a kasuwar Ariariya, aka san inda za a same su. Kuma ko gwamnati ta cika alkawari ko ba ta cika ba, ƙafafun da ke wuraren gini da gareji da injinan niƙa sun fi na ma'aikatu yawa nesa ba kusa ba, kuma ƙananan 'yan kasuwa ne suke da alhakinsu.

Saboda haka ga 'yar shawararmu ga mai niyyar saye. Ya fara sanin irin haɗarin aikinsa, domin mai walda da mai kwaɓa siminti da mai aikin fadama ba takalmi ɗaya suke buƙata ba. Ya je da ƙafarsa ya ga inda ake ɗinkin, don ba abin mamaki ba ne a kawo kaya daga waje a manna musu tambarin gida, kamar yadda wasu masu ɗinkin gida suke manna wa nasu sunan Italiya saboda sun san halinmu. Ya karɓi na gwaji ya ba yara su yi wata guda da shi, ya kuma daure ya yanka guda ɗaya ya ga cikinsa. In odar babba ce, ya nemi shaidar Hukumar Kula da Ingancin Kayayyaki ta Ƙasa, wato SON. Sannan ya biya a kan lokaci. Kishin ƙasa ba ya tare ƙusa, kuma wanda ya sa wa yaron wani takalmi marar ƙarfe don kawai a ce na gida ne, ya ci amanar yaron, ya kuma ɓata wa dukawan kirki suna. Araha ba ta ado, haka ma son kai.

Mu da muke tu'ammali da littafi mun san irin wannan hanya. Littattafan Hausa da suka cika Kano a shekarun 1990 ba wani kamfanin waje ne ya tsaya musu ba. Marubuta ne suka haɗa kai suka buga da kuɗinsu, masu karatu suka saya, suka yaba, suka kushe, har bugun ya gyaru. Abin da baduku yake nema ke nan, mai saye mai tsanani wajen duba aiki, mai gaskiya wajen biya. Ƙirgin yana nan in an bar masa, hannun ma yana nan, sai dai masu shi suna tsufa, kuma 'ya'yansu suna kallon ko sana'ar za ta riƙe su ko su ma su hau babur. Allah Ya kiyaye ƙafar mai neman halali, Ya sa albarka a sana'o'inmu, amin.