Hawan Ƙaho a Ƙauyukan Dambatta

Uwargida, in kika bar Kano kika kama hanyar Daura, har ki kai Dambatta ba za ki ga daji ba. Gona ce ke bin gona, gero da dawa da gyaɗa a ƙarƙashin gawo, ƙauye na hango ƙauye. A nan sa dukiya ne, shi ke huɗa, shi ke jan amalanke.

Amma in kika dace da ƙauyen da bai bar al'adar ba, ranar jajiberin salla za ki ji kalangu ya tashi. Mahauta ne suka fito da bijimin da za a yanka, igiya a wuya, igiya a ƙafar baya, ana tsokanarsa har ya fusata. Sai wani saurayi, layu a damtse, ya yi kirari ya faɗa tsakanin ƙahonin ya ƙanƙame. Mata na guɗa. Ni kam idona uwar yaron yake nema a cikin taron.

Mahauta suna cewa gado ne, kuma ai ba irin na Sifaniya ba ne da ake soke sa da takobi, wasan da Kolombiya ta yi dokar hana shi a 2024. Haka ne. Sai dai malamai na tunatar da hadisin da Muslim ya ruwaito, mai umarni da a wasa wuƙa a hutar da abin yanka. Shi kuwa wannan bijimin, kafin wuƙa ta iso shi ya wuni yana haki, kumfa a baki, yara na binsa da ihu.